Gilashin da Ruwan Sama ke Wankewa: Saƙo Zuwa Agege

Assalamu alaikum Yaya. Ina gaisuwa da fatan alheri. A gaishe min da Hajiya da yaran shago.

Ka tambaye ni gaskiyar gilashin nan da ake cewa yana wanke kansa, tunda wani mai gini a Lekki ya neme shi a wurinka. To, ni da goge tagogi nake cin abinci a nan Ingila, kullum hannuna na kansa.

Garin St Helens, kusa da Liverpool inda nake zaune, shi ne asalin gidan kamfanin gilashi na Pilkington, su suka fito da shi kasuwa a 2001 da sunan Activ. Tun gilashin yana da zafi a masana'anta ake shafa masa sinadarin titaniyom dayoksaid, wato farin garin nan da ke sa fenti ya yi fari fat. Shafin ya fi gashin kai siranta sau dubbai, ido ba ya ganinsa. Idan rana ta buge shi sai ya riƙa cin maiƙo da kashin tsuntsu a hankali, har dattin ya saki. Wasu Japanawa biyu, Fujishima da Honda, su suka bayyana yadda haske ke tada wannan sinadari a 1972.

Ran nan ana yayyafi na tsaya a gindin wani ɗakin ajiyar kaya, tagogi biyu dab da juna. Ta gilashin da muka saba, ruwan ya tsaya ɗigo-ɗigo kamar zufa, da ya bushe ya bar tabo. Ɗayar kuwa ruwan ya shimfiɗu ya sauko gaba ɗaya kamar an saki labule, ya tafi da dattin. Na daɗe ina kallo wallahi.

Akwai kuma iri na biyu, kada a ruɗe ka. Shi korar ruwa yake yi. Ana haɗa farin garin nan da wani abu mai kama da kakin zuma a fesa wa kwanon rufi ko tanki ko bangon masana'anta. Ka san yadda ruwa ke gangara a kan ganyen gwaza bai jiƙa shi ba? Haka yake, ɗigon ya mirgina ya kwashi ƙura. Amma yana gogewa. Na sayi kwalba ɗaya ta intanet na fesa wa motar aiki, 'yan watanni ya zama kamar ban yi komai ba, kuɗina ya tafi. In wani ya kawo maka irinta shago, gwada tukuna.

A ganina na farkon ya fi dacewa da Legas fiye da nan, domin rana da ruwa yake so, ku kuwa Allah ya hore muku duka biyun, ga hayaƙin janareto da ke baƙanta gine-gine. Sai dai ba ya cin ƙurar hunturu, ba ya cin gishirin iskar teku da ke damun mutanen Lekki. Daga Disamba zuwa Fabrairu dole a riƙa watsa masa ruwa da tiyo. Faɗa wa mai ginin wannan tun kafin ya biya, domin ya fi gilashin da aka saba tsada.

Abin da ya fi burge ni a nan shi ne kowane gilashi da takardarsa yake zuwa, manne a fuskar da za ta kalli waje. In aka juya shi an yi asara. Ka ja wa yara kunne: ban da kankara da reza, ban da silikon ɗin da kuka saba liƙe taga da shi, domin yana ɓata shafin.

Akwai wani ɗan unguwarmu da zai zo gida da Sallah, zan ba shi ɗan guntu ya kawo maka. Jingine shi a bayan shago ya sha damina ɗaya, ka gani da idonka kafin ka karɓi aikin.