Hattara da mai tallar rigakafin kaji a jakar hannu

'Yan'uwa masu kiwon kaji, ku yi hattara da mutumin da ke bin gonaki rataye da jaka, yana tallar rigakafi da wani garin magani. Ni ma ya zo min, baki kamar zuma. Wai garin nasa yana warkar da Nukasil da Gumboro, har da murar tsuntsaye. Ƙarya yake yi. Cututtukan nan uku bairos ke kawo su, kuma babu garin da zai kashe bairos a jikin kazar da ta riga ta kamu. Antibayotik ma ba ya taɓa shi.

Abin da ya fi ci min rai shi ne rigakafin. Lasota, wato rigakafin Nukasil da ya sayar min, bairos ne mai rai, marar ƙarfi, kuma sai an ajiye shi cikin sanyin digiri 2 zuwa 8 tun daga kamfani har ranar da za a ba kaji. Shi kuwa daga aljihun jaka ya zaro kwalbar, ba kula (akwatin riƙe sanyi), ba ƙanƙara. Da na riƙe ta na ji ɗumi a tafin hannuna, wurin ranar ƙarewar aiki kuma an kankare. Arha ta rufe min ido, na karɓa. Ashe ruwan banza kajina suka sha.

Ba a jima ba na shiga ɗakinsu da sassafe na tarar da wasu wuya a murɗe, suna juyawa wuri ɗaya, wasu baki buɗe suna neman iska, kashi kore ko'ina. Da hannuna na yi ta kwashe gawa.

Ga kuma takalminsa. Da shi ya taka kashin kaji a gonar wani, da shi ya shigo min, ni kuma na bar shi.

Don Allah ku sayi rigakafi wurin likitan dabbobi ko dillali mai rajista, wanda zai buɗe firji a gabanku. Ku tafi da kula da ƙanƙara, ku duba lambar kwalba da ranar ƙarewa. A haɗa shi da ruwan da babu kulorin (maganin tsabtace ruwan famfo) a ciki, kaji su shanye kafin awa 2. Baƙo kuwa, ko wane ne shi, ya tsaya a waje. In kaji suka fara zubewa da yawa lokaci guda, kada ku sayar da ko ɗaya, ku kira jami'an kula da lafiyar dabbobi nan take.