Hattara da masu sayar da littafin gyaran mota na bogi a intanet

Jama'a, duk mai gyara motarsa da hannunsa, ko mai shirin farawa, ya ba ni aron kunne. Akwai waɗanda suka mayar da masu neman littafin gyaran mota saniyar tatsa. Da zarar ka rubuta sunan motarka a Google kana neman littafin gyaranta, sai shafuka su fito maka rututu, kowanne yana rantsuwa cewa yana da cikakken littafin kamfani, da zanen wayarin, da komai da komai. Haka tallan ke yawo a Facebook da WhatsApp da Telegram. Da yawansu ba su da abin da suke tallatawa, wasu kuma abin da za su turo maka gara ma a ce ba su turo ba.

Wadda ta fi yawa ita ce damfarar sauya bango. Littattafan mota iri biyu ne. Akwai ɗan littafin da ake sakawa a aljihun gaban mota idan an sayo ta sabuwa, wanda ke koya wa mai ita yadda zai yi amfani da ita. Akwai kuma littafin gyara na ainihi, wanda kamfani ya rubuta domin makanikai. Na farkon kyauta ne, manyan kamfanoni irin su Toyota da Honda da Ford sun ajiye shi a shafukansu kowa ya sauke. Shi ɗan damfara ke ɗauka, ya liƙa masa sabon bango mai hoton inji da sifana, ya sa masa kuɗi. Sai ka biya ka buɗe za ka ga yadda ake gyara zaman kujera, da yadda ake kama tashar rediyo, da ma'anar fitilun dashbod. Duk inda magana ta zo kan gyara na gaske, sai ka ga an rubuta a kai motar wurin dila. Ka koma ga mai sayarwa, ka tarar ya toshe lambarka.

Wannan asarar kuɗi ce kawai, ana iya haƙuri da ita. Wadda ke tayar mini da hankali ita ce a sayar maka da littafin gyara na gaske, amma na wata motar. Sunan mota da shekararta ba su isa ba, kuma masu wannan harka sun san mutane da yawa ba su san haka ba. Corolla ta 2005 da aka yi wa kasuwar Amurka yawanci injin 1ZZ-FE ne a cikinta, mai lita 1.8, alhali 'yar uwarta ta Turai ta wannan lokacin ana samun ta da 1.4 ko 1.6 ko ma ta dizal. Daga 2009 kuma Corollar Amurka ta koma injin 2ZR-FE. Camry ta farkon shekarun 2000 akwai mai silinda huɗu, 2AZ-FE, wadda tayimin ɗinta sarƙa ce, akwai mai silinda shida, 1MZ-FE, wadda nata bel ne da ake canzawa. Suna ɗaya, jiki ɗaya, amma aikin da za ka yi a ƙarƙashin bonet ba ɗaya ba ne ko kusa. Saboda haka duk wanda ya ce maka fayil ɗinsa ɗaya ya ƙunshi "duk shekaru, duk injuna", ka san tarkace ne ya tsinto nan da can ya haɗe, ba tare da ya san wane shafi ne na wace mota ba.

Abin da ya sa nake jan magana a nan shi ne, ba don hotuna ake sayen littafin gyara ba, don lambobi ne: ƙarfin da za a ɗaure kowane noti, jerin da za a bi wajen ɗaure kan silinda, irin man giya da yawansa, launin kowace waya. Ɗauki notin taya, wanda kowa ke ganin ƙaramin abu ne. A Corolla da Camry da yawa, kamfani ya ce a ɗaure shi da 103 a ma'aunin ƙarfin ɗauri da ake kira N·m, wato 76 a ma'aunin lb-ft da Amurkawa ke amfani da shi. Idan mai harhaɗa fayil ya kwafo 103 ya yar da ma'aunin, kai kuma sifanarka mai awo tana kan lb-ft, ka ɗaure kusan 140 N·m ke nan, ƙarin fiye da kashi ɗaya bisa uku. A taya ma ke nan. Irin wannan kuskuren a filogi, wanda ke shiga cikin kan inji na alminiyom mai laushi, zaren ramin ne zai cinye, aikin minti ashirin ya zama na sauke kan silinda. Garin gyaran gira ke nan a rasa ido.

Akwai kuma inda rai ne a ciki. Littattafan Toyota sun ce bayan an cire kan batir a jira aƙalla daƙiƙa 90 kafin a taɓa wayoyin jakar iskar kariya, masu rawayan soket ɗin nan. Na Honda sun ce minti 3. A motoci masu haɗin fetur da lantarki, wayoyi masu ruwan lemo babbar wuta suke ɗauke da ita. Batirin Prius ta 2004 zuwa 2009 ƙarfin wutarsa ya ɗan haura bolt 200. Shafukan gargaɗi irin waɗannan su ne farkon abin da ke ɓacewa idan aka yayyanka littafi aka sake ɗinkewa, don mai ɗinkin bai ɗauke su a bakin komai ba.

Wasu kuma babu littafin ma sam. Su ce kyauta ne, ka danna ka sauke, sai ka ga sunan fayil ɗin ya ƙare da .exe ko .apk. Wannan manhaja ce, idan ka bar ta ta shiga kwamfuta ko wayarka tana iya kwashe kalmomin sirrinka da saƙonnin bankinka. Wasu su nemi lambar katinka wai don tabbatar da kai mutum ne, ashe rajista ka yi da za a riƙa cirar kuɗi duk wata. Wasu su turo fayil a kulle, su ce mabuɗin sai ka ƙara biya. Kuma duk wanda ya nemi ka karanto masa lambar da banki ya turo maka ta tes, ɓarawo ne, ko da wane irin ladabi ya yi maganar.

Gwada mai sayarwa ba wuya. Kafin ka yi magana da kowa, ka kwafi lambar shasin motarka, wadda ake gani a ƙasan gilashin gaba ta gefen direba ko a jikin ginshiƙin ƙofa. Tun daga 1981, a yawancin motoci, haruffa da lambobi 17 ne, kuma babu I ko O ko Q a cikinsu. Ka nemo lambar injinka ma. Sannan ka tambaye shi wane inji littafinsa ya ƙunsa, ba tare da ka faɗa masa naka ba. Ka ce ya turo hoton jerin abubuwan da ke ciki, da shafin da ke nuna ɗaurin kan silinda. Mai littafin gaske zai turo nan take. Na bogi zai fara cewa rangwamen yau zai ƙare, ko ya turo maka hotunan godiyar kwastomomin da ba ka da hanyar tabbatar da su.

Hanyoyin gaskiya kuwa suna nan. Toyota tana da shafin intanet mai suna TIS, inda ake biyan rajistar kwana biyu kacal a karanta abin da makanikan dila ke karantawa, Volkswagen da Audi suna da erWin, Honda ma tana da nata. Ka shiga, ka buga shafukan aikin da ke gabanka, ka fita. Akwai Haynes na Ingila, waɗanda suka yi suna da wargaza mota su sake haɗa ta kafin su rubuta littafinta, kuma nasu ya fi sauƙin bi ga ɗan koyo. Akwai littattafan Chilton, da na maɗaba'ar Bentley ga masu BMW da Volkswagen, da shafin ALLDATA mai sashen masu gyara da kansu. Sai dai ka rubuta adireshin da hannunka, kada ka bi ta talla, domin ana kwaikwayon waɗannan shafukan ma, a sauya harafi ɗaya a suna.

Wanda ya riga ya faɗa hannunsu, ya kira bankinsa yau a rufe katin, ya nemi a bi sawun kuɗin. Idan ya saka wata manhaja, ya cire ta, ya canza kalmomin sirrinsa daga wata na'urar daban, ya kuma kai rahoton shafin don a sauke shi. Fayil ɗin da suka turo kuwa, kada ya ɗaure ko noti ɗaya da lambobin cikinsa sai ya gwada su da na littafin kamfani.