Na je sayen Infaƙul Maisuri, na dawo har da littafin maganin basir

Asabar da ta wuce na shiga wani shagon littattafai a cikin kasuwar Sakkwato, ba abin da ya kai ni sai Infaƙul Maisuri na Sarkin Musulmi Muhammadu Bello. Dattijon mai shagon ya ciro shi, ya kakkaɓe ƙura da hannun riga, sai ya ɗora wasu ƙanana guda biyu a kai, ɗaure da kyauro. "Malam, haɗa da waɗanga, duk na Bello na." Na ce, "Baba, kuɗin guda na zo da su." Ya ce in tafi da su, in kawo ciko ranar Juma'a.

Infaƙul Maisuri dai sananne ne. A 1812 Bello ya rubuta shi, tun mahaifinsa Shehu Usmanu Ɗanfodiyo na raye, shekara biyar kafin ya hau gadon mulki a 1817. Tarihin jihadi ne daga bakin wanda ya yi yaƙin da hannunsa, ga labarin ƙasashen Tukururu, wato yankinmu na Afirka ta Yamma, ga wasiƙun da suka yi ta musaya da Shehun Barno El-Kanemi. Wurin wasiƙun nan na fi daɗewa, don har hujjar abokin gardamarsa ya kawo, bai ɓoye ta ba.

Ƙananan ne suka ba ni mamaki. Ɗaya Usulus Siyasa, nasihar mulki da ya rubuta wa Sarkin Katsina Ummarun Dallaje. Ɗayan kuwa kan ciwon basir da magungunansa! Mutumin da ya gina ganuwar Sakkwato, ya yi shekara 20 yana mulki da yaƙi har ya rasu a Wurno a 1837, shi ne ya zauna yana rubuta wa mai fama da basir abin da zai yi. Ya yi rubutu kan ciwon ido ma. Da na tuna Baturen nan Clapperton, da ya zo garin nan a 1824 ya kuma dawo a 1826, ya ba da labarin yadda Bello ke sha'awar littafin lissafi na Euclid, sai na daina mamaki. Mu kuwa a makaranta yaƙe-yaƙensa kawai aka haddace mana.

Sai dai bugun bai yi wa mai littafin adalci ba. Hoto ne aka ɗauka daga tsohon bugu, tawada ta dusashe, wasu layukan sai na kai su bakin taga kafin in gane. Babu wasali, babu ko layi biyu na gabatarwa da zai gaya wa mai karatu wane ne marubucin. Wanda Larabcinsa bai nuna ba, ya nemi malami kusa. Na basir ɗin ma ganye biyu sun ɓace a tsakiya, maganar ta yanke ana cikin lissafa haɗin magani.

Duk da haka kuɗina ba su faɗi ƙasa ba. In za ka saya, ka tsaya ka ƙirga shafuka tun a shago. Ni dai Juma'a zan kai wa Baba cikonsa, in roƙe shi ya duba ko akwai kwafin da ganyensa ya cika.