Situdiyon da ya yi wa fim ɗina kiɗa a Jos

Masu shirya gajerun finafinai suna ta tambayata inda aka yi kiɗan fim ɗina na baya-bayan nan. Wani ɗan situdiyo ne a wajajen Bauchi Road, ɗaki guda da aka manna wa soso a bango. Mai shi dattijo ne, kowa Baba yake ce masa. Ba mawaƙi ba ne, aikinsa shi ne kiɗan da ke tafiya a ƙarƙashin hoto.

Ya ce min yana yaro NTA ke ɗaukar wasan kwaikwayon Cock Crow at Dawn a kewayen Jos, farkon shekarun 1980, kuma waƙar Bongos Ikwue da ke buɗe shirin ita ta jefa masa son wannan sana'a. Da kaɗa fiyano a gidajen biki ya fara, ya koma tallar rediyo, daga nan sai wasannin kwaikwayo na talabijin. Yanzu har ɗaliban makarantar koyon fim ta ƙasa da na kwalejin talabijin ta NTA da ke Rayfield sun san ƙofarsa.

Yadda yake aiki ne ya sa nake wannan rubutu. Bai taɓa fiyano ba sai da ya kalli fim ɗin kaf, da biro a hannu, yana rubuta minti da daƙiƙar da kiɗa zai shiga da inda zai fita. Uwar da ke cikin labarin ya ware mata amonta da sarewa, ko ba ta a hoto, da ka ji shi ka san ita ake tunawa. A wurin da aka kawo mata labarin rasuwar ɗanta na nemi kiɗa mai sa kuka. Ya girgiza kai ya ce, "'Yata, bar nan shiru, fuskarta ta isa." Wallahi a nan ne masu kallo suka fi share hawaye. Kalangu kuwa ya ƙi yarda da amonsa da ke cikin fiyanon lantarki, sai da ya kira makaɗi ya rataya nasa a kafaɗa aka naɗa.

Ya ba ni kowane kiɗa a fayil daban don edita ya iya rage shi idan ana magana, ya kuma rubuta min takardar izinin amfani da shi a YouTube.

Inda na ji ba daɗi shi ne jinkiri. Ya wuce ranar da ya ɗiba min sosai, domin in an ɗauke wuta ba ya naɗar kayan kiɗa na hannu, ƙarar janareto na shiga makirufo. Kuɗinsa ma ba na wasa ba ne, kuma sallamar makaɗa a kanka take. Duk mai son kai fim gasa ya je masa da wuri, ya kuma tabbatar an gama tace hoton, don in ka yanke ko daƙiƙa biyar bayan ya gama, sai an sake daidaita kiɗan.