Kotun Ma'aikata a Kaduna: abin da za ta iya yi wa wanda ƙungiyar agaji ta kora

Ga ma'aikacin ƙungiya mai zaman kanta da aka sallama a Kaduna, reshen Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ne wurin zuwa, kuma kwalliya tana biyan kuɗin sabulu muddin mutum ya san abin da ya je nema. Tun gyaran tsarin mulki na 2010, sashe na 254C ya ba wannan kotu ita kaɗai hurumin rikicin aiki. Wanda ya nufi Babbar Kotun Jiha, lauyan ƙungiya zai miƙe ya ce babu hurumi, watanni sun tafi a banza ke nan.

Inda aka fi yin tuntuɓe shi ne neman umarnin mandamus ko satiyorari don a mayar da mutum bakin aiki. Kotun tana da ikon bayar da su, amma a kan hukumomi. Na farko yana tilasta wa hukuma yin aikin da doka ta ɗora mata, na biyu yana soke hukuncin da ta yanke ba bisa ƙa'ida ba. Ita kuwa ƙungiyar agaji rajista ta yi da Hukumar Rajistar Kamfanoni (CAC) a ƙarƙashin amintattu. Ko tare da ma'aikatar lafiya take rigakafi, ko daga Turai kuɗinta suke zuwa, abin da ke tsakaninta da ma'aikacinta kwantiragi ne. Shitta-Bey, wanda Kotun Ƙoli ta sa aka mayar da shi bakin aiki a 1981, ma'aikacin gwamnatin tarayya ne da doka ta tsara aikinsa. Direban ƙungiya a Barnawa ba ya cikin wannan sahu, kuma lauyan da ya yi masa alkawarin komawa aiki ta wannan hanya kuɗinsa kawai zai ci. Haka nan lulluɓe kora da rigar take haƙƙin ɗan Adam ba ya fisshe mutum, don alƙali ainihin ƙorafin yake dubawa. Sai dai idan akwai wariya ko cin zarafi a wurin aiki, nan kam kotun tana saurare ko da mai aikin ba gwamnati ba ce.

Ƙarfin kotun yana wajen karɓo haƙƙin kuɗi. Ana shigar da takardar ƙorafi tare da bayanin abin da ya faru, da shaidar da aka rubuta bisa rantsuwa, da kwafin takardun da za a dogara da su. A haɗa takardar ɗaukar aiki, littafin ƙa'idojin ma'aikata, takardun albashi, takardar sallama, da bayanin asusun fansho, inda za a ga ko an zuba kashi 10 na mai aiki da kashi 8 da ake cirewa a albashi. Sunan wanda ake ƙara kuma a rubuta shi yadda yake a satifiket ɗin rajista, wato amintattun ƙungiyar, ba sunan da ke jikin motarsu ba. Wannan ɗan kuskure yana iya kashe shari'a tun ba a je ko'ina ba.

A duba kwantiragin da kyau kafin a biya lauya. Yawancin ayyukan nan na wa'adi ne, shekara guda, ana sabuntawa idan masu ba da tallafi sun sake kuɗi. Wanda wa'adinsa ya cika ba korarsa aka yi ba. Wanda aka yanke masa a tsakiya shi ke da magana, kuma abin yabawa ne yadda kotun take tambayar dalilin sallama bisa tsarin aiki na duniya, ba kamar da ba.

Raunin kotun biyu ne. Da wuya ta tilasta wa ƙungiya ta ci gaba da aiki da wanda ba ta so, kuma kuɗin notis na wata ɗaya da kotun za ta iya ba mutum wani lokaci bai kai kuɗin lauya ba. Idan abin da ake bi bai taka kara ya karya ba, gara a nemi alƙali ya tura maganar cibiyar sulhu ta kotun, musamman ganin ɗaukaka ƙara na iya jan shari'ar har bayan tallafin ƙungiyar ya ƙare.