WPS ko Google Docs: wacce za ta riƙe miki furojet a waya?

Ƙanwata, tun jiya da daddare na ga tambayarki, sai yanzu shago ya ɗan lafa. Kin ce a waya kike buga furojet ɗinki na Hausa a Samaru, kuma abu uku sun ishe ki: babi na biyu ya yi ɓatan dabo bayan kin kwana a kansa, ƙ da ɗ da ɓ suna komawa 'yan akwatuna idan aka buɗe a kwamfuta, sannan aikin da yake shafi 40 a wayarki ya fito 44 a firinta. Kina so a faɗa miki wacce ta fi tsakanin WPS da Google Docs. Bugun takardun ɗalibai ne sana'ata, duk biyun suna bi ta hannuna kullum, don haka ga abin da na gani.

Bambancinsu na asali shi ne inda aikin yake kwana. WPS, wadda kamfanin Kingsoft na ƙasar Sin ya yi, a cikin wayarki take ajiye fayil, sai dai idan kin yi rajista kin kunna ma'ajiyarta ta intanet. Google Docs kuwa a Google Drive take ajiyewa, wayar taga ce kawai da kike leƙa aikin ta ciki. Ɗaya kuɗi ne a ƙarƙashin katifa, ɗaya kuɗi ne a banki. Na katifa yana kusa ko da tsakar dare, amma ranar da aka fizge wayar a Kwangila ko ta faɗa bokitin wanki, shi ke nan. Na banki ba ya bin waya, sai dai yana son data.

A kan ɓatan rubutu, Docs ta yi gaba nesa. Ba ta jiran ki danna komai, kina bugawa tana adanawa. Fayil ɗin da kika goge bisa kuskure yana zama a kwandon shara na Drive kwana 30 kafin ya tafi, kuma idan kika buɗe aikin a kwamfuta za ki iya komawa yadda yake shekaranjiya ko makon jiya. A WPS kuwa nauyin yana wuyanki, kuma ga inda yawancin ɗalibai suke zamewa: an turo fayil ta WhatsApp, a buɗe shi daga cikin hirar, a yi gyara na awa uku, gobe a koma hirar a sake danna shi, sai a tarar da tsohon. Gyaran ko dai ba a adana shi ba, ko yana can a wani kwafi daban. Watan jiya wani yaro ya shigo mini ido jajir, wai babinsa ya ɓace. Muka buɗe ma'ajiyar wayarsa muka sami kwafi shida na babin, sunayensu duk lambobi ne, wasu da WA a ciki. Na huɗun ne nasa. Da ya gan shi sai ya zauna a kan benci ya kama kai, ya kasa ko magana. Maganin abin bai wuce wannan ba: da zarar fayil ya shigo, ki adana shi da sabon suna a jakar da kika sani, misali Babi2 da kwanan wata, kuma daga can kaɗai za ki riƙa buɗe shi.

Amma Docs ma tana da nata ramin. Idan ba ki kunna mata damar aiki ba tare da intanet ba tun kina da data, ranar da sabis ya ɗauke za ki iya buɗe ta ta tsaya tana kallonki. Ki shiga ɗigo ukun nan na gefen fayil ɗin ki kunna tun yau. Abin da kika buga babu data yana zaune a wayar har sai ta sami sabis ta tura shi. A wannan tsakanin, ko manhajar ta daskare, kada ki bari kowa ya shiga saitin ya danna Clear data. Clear cache ba ya cutarwa, tarkace yake sharewa. Ɗayan kuwa yana tafiya da duk rubutun da bai riga ya hau ba. Sai maganar wuri: gigabayit 15 da Google ke bayarwa kyauta na Gmail da Drive da Photos ne a haɗe. Idan hotunan biki suka cinye shi, ba za ki iya gyara fayil ko buɗe sabo ba sai kin rage kaya.

Haruffa masu ƙugiya kuwa, ba ruwan WPS ko Docs. Abu biyu ne a nan: allon da kike bugawa da shi, da fon, wato salon rubutun da ke nuna harafin. Ki saka Gboard, allon rubutu na Google, ki ƙara Hausa a jerin harsunansa, za ki sami ƙ da ɗ da ɓ na gaskiya, kuma zai rage miki wannan karambanin na mayar da kalmar Hausa ta Turanci. Jan layin da ke bin kowace kalma kuma mai duba rubutun Turanci ne, ki kashe shi ki huta. Idan harafin na gaskiya ne amma ya fito akwati a kwamfuta, to fon ɗin da ke kwamfutar ne ba shi da shi. Ki zaɓi rubutun duka ki mayar Times New Roman ko Arial. Na kwamfutocin yanzu suna da haruffan, tsofaffin injina irin na zamanin Windows XP ne suke gazawa.

Akwai kuma wata tsohuwar cuta da za ki haɗu da ita idan kina kwafo nassi daga tsofaffin kundaye. Kafin haruffanmu su samu a waya, ana amfani da wasu fon na Hausa da suka ari gurbin wasu alamomi. Shi ya sa za ki ga q a wurin ƙ, x a wurin ɗ, v a wurin ɓ, ko ki ga baka-baka da alamomi a farkon kalma. Canza manhaja ba zai gyara wannan ba. Ki yi amfani da nema-da-sauyawa, wanda duk biyun suna da shi, amma ki bi a hankali kada ki ɓata sunayen Turawa da ke cikin manazarta. Kuma don Allah kada gajiya ta sa ki watsar da ƙugiyar gaba ɗaya. Kafa daban, ƙafa daban. Bari daban, ɓari daban. A Zariya, garin da aka fara buga jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939, abin kunya ne ɗalibar Hausa ta rubuta kasa tana nufin ƙasa, kuma malaman sashenku ba sa ɗaga ƙafa a kan wannan.

A tsara shafi, WPS ta fi jin daɗin hannu. Kayan aikinta sun fi kama da na Word, kuma fayil ɗin docx, wato na Word, da sufabaiza ya turo yakan buɗe a cikinta kusan yadda ya baro shi. Farashinta shi ne tallace-tallacen da ke faɗo miki a ta kyauta. Shafi 40 da ya zama 44 kuwa, ki fara duba girman takarda. A4 muke bugawa a Nijeriya, milimita 210 da 297, amma sau da yawa fayil yana zuwa a kan Letter ta Amurka, wadda ta fi gajarta, ta kuma ɗan fi faɗi. Na biyu, waya ba lallai ta zo da ainihin fon ɗin da kika zaɓa ba, sai a nuna miki mai kama da shi, layuka su motsa idan an koma kwamfuta. Na uku laifinku ne ku ɗalibai: danna Enter sau goma sha don babi ya fara a sabon shafi. Ki saka mai raba shafi sau ɗaya, ya wadatar. Idan kin gama, ki fitar da PDF ki duba shi da idonki, domin shi yana tafiya da haruffansa, abin da kika gani shi firinta za ta fitar. Lambobin Romawa na shafukan farko da jerin abubuwan ciki, ki bar su sai an zauna gaban kwamfuta.

Daskarewa kuma yawanci nauyi ne. Furojet guda a fayil ɗaya, da hotunan da aka ɗauka da kyamara, a kan waya mai ƙaramin memori, kowacce daga cikinsu za ta yi nishi. Ki raba babi-babi.

Da ni ne ke, a Docs zan riƙa bugawa, saboda rubutu ba ya cin data kamar bidiyo, kuma asarar babi ta fi asarar data ciwo. WPS in bar ta don buɗe gyaran sufabaiza da daidaita shafi kafin a buga. Abin da ban yarda da shi ba shi ne gyara babi ɗaya yau a nan gobe a can, nan ne kwafi ke hayayyafa har ki rasa na ƙarshe.

Babinki da ya ɓace kuma, kada ki cire manhajar, kada ki bar wata manhajar share-share ta taɓa wayar. Ki duba jerin fayilolin kwanan nan, sannan ki shiga ma'ajiyar wayar ki nemi docx, ki jera su bisa kwanan wata, ki buɗe duk wanda ya dace da daren da kika yi aikin. Idan bai fito ba, ki shigo da wayar gobe bayan azahar da cajarta, mu duba tare.