Littafin tarihin Otis Redding da na saya, shafi 16 babu a ciki

Na daɗe ina neman littafin nan wallahi. Tun muna yara marigayi Baba yake saka kaset ɗin Otis Redding, mawaƙin nan na Amurka, in ya dawo daga aiki, ba ma jin abin da yake faɗa amma muryar nan mai kaushi kamar ta mai roƙo tana shiga jiki. To da na ga wani mai sayar da littattafai ya ɗora hotonsa a sitatus ko ciniki ban tsaya yi ba, na tura kuɗi har da na mota.

Farkon littafin kam ba laifi, kwana biyu yana hannuna. Ban san ɗan talakawa ne haka ba, an haife shi 1941 a Dawson ta jihar Jojiya, ya tashi a Macon, yana shekara 15 ya bar makaranta don ya tallafi gida, har haƙar rijiya ya yi da aiki a gidan mai. Inda ya fi taɓa ni 1962 ne, shi fa tuƙi ya kai shi, ya ɗauko wani mai kaɗa jita Johnny Jenkins zuwa situdiyon kamfanin waƙa na Stax a Memphis, da aka gama lokaci ya rage sai aka ba shi dama ya gwada, nan take ya rera These Arms of Mine. Direba fa! Sau biyu na karanta wurin.

Sai da na kai 1967 aka ɓata min rai. Ina cikin labarin wasan da ya yi a bikin waƙa na Monterey inda dubban Turawa suka miƙe masa, na juya shafi na 208 kawai sai ga 225. Na zaci takardun ne suka manne, na lashi yatsa na murza, na ɗaga littafin ta gindi na karkaɗa, babu. Ba yagewa aka yi ba, tun wajen ɗauri ba a saka su ba. Kuma wurin da ya ɓata shi ne ainihin abin da na sayi littafin dominsa, aikin da aka yi masa a maƙogwaro da yadda shi da mai kaɗa jita Steve Cropper suka haɗa waƙar Dock of the Bay kwanaki kaɗan kafin rasuwarsa. Ni dai daga tafi da sowa sai na tsinci kaina ana maganar jirgin saman da ya faɗa da shi cikin tafkin Monona. Raina ya yi mugun sosuwa.

Na kira mutumin, ya ce "Yallaɓai ai haka aka kawo mana su." Na ce to a canza min, ya ce in mayar da kuɗin motata in an samu wani zai neme ni. Yau sati uku, yana buɗe saƙona ba ya amsawa.

Da na yi niyyar ba shi tauraro huɗu saboda labarin, amma yanzu da nake rubutun nan na tuna hotunan ma duk baƙi ƙirin suke, wanda yake tare da matarsa Zelma ko fuska ba a gani, takardar kuma shara-shara har rubutun baya yana leƙowa. Wannan bugun jabu ne aka sayar min a kuɗin na ainihi. Biyu zan bayar, su ma don Otis.

Babin ƙarshe dai na karanta shi da ƙwalla, 10 ga Disamba 1967, yana shekara 26 kacal, mutum ɗaya ne ya fita da rai daga haɗarin jirgin, Ben Cauley mai busa ƙaho. Waƙar Dock of the Bay ta zo ta ɗaya a Amurka a 1968 bai gani ba.

Don Allah duk mai cikakken kwafi ya ɗaukar min hoton shafi na 209 zuwa 224.